Fuskar Umma a Kan Buhun Fulawa

Makon jiya mai gidan da muke haya a unguwar Rusaifa, nan Makka, ya turo a sake fentin matakala. Na dawo daga aiki bayan la'asar, ƙafafuna sun kumbura cikin takalmi, ina shiga ƙofar benen warin fenti da kananzir ya tare ni. Kasa hawa na yi. Na zauna a bakin matakalar da jakata a cinya, har mai fentin ya leƙo ya tambaye ni ko ba ni da lafiya. Na ce masa lafiyata lau, hutawa nake yi. Ban ga ta inda zan fara gaya masa cewa warin nan warin wata mata ne 'yar ƙasar Hungari, wadda ta ƙare rayuwarta a ɗakin kakata a kan dutsen Nakkasa ba.

Wanda ya san Makka a 'yan shekarun nan kawai ba zai gane wurin da nake nufi ba. A lokacin da nake yarinya, Nakkasa gidaje ne manne a jikin dutse, rufin wannan shi ne bakin ƙofar wancan. Mota ba ta hawa. Ruwa a jarka ake ɗauko shi daga ƙasa, mata da yara, kowa da daidai ƙarfinsa. Da safe za ka ji ƙamshin ƙosai ya gauraya da na burodin tamis, awaki suna cin kwali a lungu, ga Hausar Kano da ta Sakkwato da ta Damagaram sun cakuɗe da Larabci har ba ka san inda ɗaya ya tsaya ba. Da bazara kuwa dutsen kan riƙe zafi ya yi ta mayar mana da shi, sai ka ga tsofaffi sun jiƙa mayafi sun rufa a ka.

A nan gidanmu yake. Kaka, mahaifiyar Baba, ta zo aikin Hajji ta ƙasa, ta hanyar Sudan, tun tana da ƙuruciya, ita da mijinta, ba su koma ba. Ɗanta na fari a Kano ta bar shi wajen yayanta, don ya yi ƙanƙanta da wahalar hanya. Baba a Makka aka haife shi, yana da iƙama, wato takardar zama, yana tuƙa motar alhazai a lokacin Hajji, sauran shekara ya ɗauki kaya. Umma kuwa daga wani ƙauye na ƙasar Katsina ta zo umara ta zauna. Mutumin da ya kawo su ya ɓace da fasfo ɗinsu, saboda haka ba ta da takarda ko ɗaya, ba ta kuma da hoto ko ɗaya a duniya.

Ɗan nan da Kaka ta bari a Kano shi ne Baffa. Ya yi boko, aka tura shi Hungari ya karanta haɗa magunguna, daga baya ya nemi aiki a wani asibiti a Makka don ya zauna kusa da uwar da bai sani ba. Kafin ya zo ya rubuto cewa ya yi aure, matar Baturiya ce, ta musulunta, kuma mai zane ce. Wanda ya karanta wa Kaka wasiƙar ya karanta kalmar yadda ya saba jin ta, sai Kaka ta ɗauka matar zannuwa take sayarwa. Ta yi murna ƙwarai, ta ce tunda ta san sana'a za su shirya. Har ta fara tunanin irin atamfar da alhazai suka fi saye.

Ranar da suka hawo dutsen duk lungunmu ya fito kallo. Doguwar mata ce siririya, tana tuntuɓe da bakin abaya, fuskarta ta yi ja don zafi. Da aka buɗe akwatinta ba a ga turmi ko ɗaya ba, sai buroshi manya da ƙanana, da wasu abubuwa kamar man goge baki waɗanda in an matsa launi ke fitowa. Kaka ta daɗe tana juya buroshi ɗaya a hannunta, sannan ta ce a kawo wa baƙuwa ruwa. Mu yara muka sa mata Gwaggo Baturiya, daga baya muka yar da Baturiyar, ta zama Gwaggo kawai.

Gidansu a ƙasa yake, a wani bene mai kyau, amma da Baffa ya fita aiki sai ta hawo wajenmu, don kaɗaici. Hausa ta riga Larabci shiga bakinta, a wajen tankaɗe da tsintar shinkafa ta koya. Abu ɗaya ne ya gagare ta har ta mutu, bambanta mace da namiji a magana. Ta ce a yarensu kalma ɗaya ce ta shi da ita. Kaka kanta sai ta ce mata “kai”, Baba kuma ta ce masa “ke”. Da farko ana dariya, daga baya kunne ya saba.

Labarinta ba a zama ɗaya muka ji shi ba, gutsure-gutsure ne, yawanci tana yankan kuɓewa. Mahaifinta ma'aikacin jirgin ƙasa ne, mahaifiyarta tela. Babban birninsu kogi ne ya raba shi biyu, da sanyi kuma ƙanƙara kan rufe tituna har mutum ya rasa inda zai taka. Ta yi makarantar koyon zane, kuma tun tana ɗaliba mata kawai take zanawa, uwarta, maƙwabtansu, masu sayar da tattasai a kasuwa. A zamanin, in ji ta, masu mulkin ƙasar suna son a zana mata ma'aikata suna dariya, damatsansu a cike. Ita kuma sai ta je bakin masaƙa lokacin tashi, ta zana su yadda suke fitowa, kafaɗu a zube, wasu suna gyangyaɗi a tsaye suna jiran mota. Masu zaɓar hotunan da za a nuna wa jama'a suka yi ta mayar mata da nata, har ta daina kaiwa, ta koma rubuta allunan shaguna don ta ci abinci. A wajen karɓar wa mahaifiyarta magani ta haɗu da Baffa. Da ta musulunta ɗan'uwanta ya daina yi mata magana, uwar kuma ta rasu kafin su taso. Hotunan da ta zana a can ta jibge su a ɗakin ƙasa na wata maƙwabciya, ba ta sake jin labarinsu ba.

Ba su yi wasu shekaru masu yawa ba Baffa ya yanke jiki ya faɗi a wurin aiki. Zuciya ce. Ba su haihu ba. Gwaggo ta yi takaba a ɗakin Kaka, tsofaffin idanu da idanun baƙuwa suna kuka kan mutum ɗaya da kowacce ta samu a makare. Da ta fita takaba sai maganar takarda ta taso, don iƙamarta a jikin tasa take. Baba ya yi ta zirga-zirga zuwa Jidda har ya samo hanyar da za a mayar da ita ƙasarsu. Ya zo ya durƙusa ya yi mata bayani a gaban Kaka. Ta saurara har ya gama, sannan ta girgiza kai.

“Na fara rayuwa sau biyu,” in ji ta. “Ba ni da ƙarfin na uku.”

Kaka kuwa tashi ta yi ta janye akwatunanta daga jikin bango, ta shimfiɗa tabarma a wurin.

Daga ranar Gwaggo ta zama kamar sauran matan Nakkasa marasa takarda. In za ta sauka ƙasa sai ta sa niƙabi da safar hannu da ta ƙafa, ba ta buɗe baki a hanya, kada muryarta ta tona ta. Lalle ya zama sana'arta. Mu a da dungul muka sani, ita kuwa sai ta riƙa zana wa amare furannin ƙasarsu a hannu, har daga unguwar Tandabawi ake aikowa a ɗauke ta. Amma zanen fuska bai bar ta ba. Launukan da ta zo da su sun ƙare, sai ta koma fentin bango, tana haɗa wannan da wancan a murfin gwangwani. Buhunan fulawa na yadi take karɓowa a gidan burodi, ta wanke su, ta ɗame su a jikin katakon akwatin lemo, ta shafe da farin fenti. Da kananzir take wanke buroshi, shi ya sa kayanta da filonta da ma tuwon da ta tuƙa duk warinsa suke yi.

Baba bai so ba. Shi mutum ne mai kiyaye addini, ya kuma tambayi malamin masallacinmu, ya dawo ya gaya wa Kaka cewa mala'iku ba sa shiga ɗakin da ke da hoton mai rai. Ba faɗa ya yi ba, a ladabce ya faɗa, amma ya maimaita ya fi a ƙirga. Kaka ta yanke nata hukuncin. Ba za a rataye ko ɗaya ba, kowane hoto fuskarsa bango za ta kalla, namiji ba zai gani ba, in an kira salla kuma a ajiye buroshi. Ta ce matar nan ta rasa ƙasa ta rasa miji, ita ba za ta zama wadda za ta karɓe abin da ya rage mata ba. Baba ya sunkuyar da kai. Daga ranar bai sake shiga ɗakin ba. Kullum da safe daga bakin ƙofa yake durƙusawa ya gaishe da mahaifiyarsa, ita kuma ta amsa daga ciki, ba wanda ya ƙara tayar da maganar.

Lokacin zane shi ne bayan Hajji. Ku da ba ku zauna a Makka ba, ba ku san yadda garin kan yi in alhazai sun watse ba. Watanni ana gudu, masu girki, masu wanki, masu tura tsofaffi a keke, masu talla, ba mai barcin kirki. Da motar ƙarshe ta tafi sai jikin kowa ya saki. A kwanakin nan matan lungu kan taru a ɗakin Kaka da hantsi, a dafa shayi, wata ta jingina da bango tana magana sai barci ya ɗauke ta a tsakiyar zance. Gwaggo kan zauna a kusurwa tana kallonsu tana aiki. Ba ta cewa kowa ta gyara zama.

In ta gama kuma a yi ta ƙorafi. Wata maƙwabciyarmu mai suyar fanke ta kalli nata ta ce an mai da ita kamar wadda aka sallamo daga asibiti, ina haƙorinta na Makka, ina awarwaronta. Su so suke a zana su cikin gwal da leshi, irin wanda in wani daga gida ya gani zai ce zaman Makka ya karɓe su. Gwaggo sai ta ɗaga kafaɗa ta ce, “Haka na gan ka.” Duk da haka gobe sai su dawo. Na daɗe ban gane dalili ba, sai da na girma na fara aiki. Ina jin a duk shekara, wannan ne kaɗai lokacin da wani ke kallon ɗayansu tsawon sa'a guda ba don yana son ta miƙo masa wani abu ba.

Umma ce kaɗai ba ta taɓa zama ba. Kafin gari ya waye ta jiƙa waken ƙosai, da hantsi ta sauka kusa da Harami da farantin hatsi tana sayar wa masu ciyar da tantabaru, da rana wankin alhazai, da yamma ɗebo ruwa. Gwaggo ta sha roƙonta, tana cewa ƙashin fuskarta mai kyau ne. Umma takan yi dariya ta ce sai bayan Hajji. In Hajji ya wuce ta ce sai bayan azumi.

Ina wajen shekara tara aka kama ta. Na dawo daga makaranta da azahar na tarar da mai fanken nan zaune a tsakar gidanmu, farantin Umma a gabanta, hatsin ma bai zube ba. Ta ce masu duba takardu ne suka zo da mota, waɗanda suka iya gudu suka gudu, Umma kuwa ta tsaya tattara kayanta. Baba ya yi kwanaki ba ya cin abinci a gida, yana bin duk wanda aka ce ya san wani. Sau ɗaya ya samu ganinta ta bayan shinge, a tsakiyar mata da yawa. Da ya dawo muka kewaye shi mu ji abin da ta ce. Ya ce ta ce a zubar da waken da ta jiƙa, ya riga ya yi tsami, kuma a riƙa tsefe mini kai ranar Alhamis. Bayan nan aka sa su a jirgi aka mayar da su gida.

Baba ya ce shekara mai zuwa zai dawo da ita. Shekarar ta zo hanya ba ta buɗe ba, ta bayanta ma haka. Abin da ke zuwa mana shi ne kaset, alhazan garinsu kan kawo. Sai mu zauna a tsakar gida a kunna rediyo, muryar Umma ta fito tana gaishe da kowa ɗaya bayan ɗaya, ana jin kukan zakara a bayanta.

Wata rana ana sauraron kaset ɗin na rufe ido don in gan ta tana maganar, sai na kasa. Ina ganin zanenta mai ruwan ƙasa, ina ganin bayanta tana hawa dutse da jarka, ina ganin hannuwanta da sabulu ya cinye. Fuskar ce babu. Na yi ta ƙoƙari har kaina ya yi ciwo. Ban gaya wa kowa ba, don ina ganin abin kunya ne 'ya ta manta fuskar uwarta. Abinci ya fita raina, na rame, Kaka ta yi ta jiƙa mini magani. Gwaggo ce ta gano, don ta lura ina bin fuskokin mata da kallo fiye da kima. Ta ja ni bayan ɗaki ta tambaye ni, na gaya mata ina kuka. Ta ce ita ma ta yi shekaru tana neman fuskar tata uwar a kanta, ga shi kuwa sana'arta ke nan, amma sai wuyan rigarta kawai take gani. Washegari na ga ta shanya sabon buhu a igiya.

Na farkon da ta yi ba Umma ba ce, na kuwa gaya mata. Ba ta ji haushi ba, ta shafe da fari ta sake. Na biyun ma haka. Sai ta kira matan lungu, nan fa gardama ta tashi. Wannan ta ce hancin ya yi tsawo, waccan ta ce ai ya fi haka tsawo. Wata ta ce tana da wushirya, wata ta ce haƙori ne ya gutsure. Mutanen da suka yi shekaru suna ɗebo ruwa tare da ita, ba biyu da bakinsu ya zo ɗaya. Makonni Gwaggo tana gyara tana shafewa, har buhun ya yi kauri da fenti, idanunta suka yi ja, lallen amare ma ta daina karɓa.

Ranar wata Juma'a, Baba ya dawo daga masallaci ya durƙusa a bakin ƙofa kamar kullum. Kaka ba ta amsa gaisuwar ba.

“Shigo,” ta ce. “Ɗakin uwarka ne. 'Yarka tana ƙarewa a tsaye, kai kaɗai ka san abin da ake nema.”

Ya daɗe a durƙushe. Ina jin yadda yake numfashi. Sannan ya cire takalminsa ya shigo, ya tsaya a gaban hoton da hannuwansa a baya. Gwaggo ta ja mayafi ta matsa gefe.

“Girarta ta hagu akwai tabo,” ya ce, muryarsa can ƙasa. “Kuma ba ta kallon mutum haka kai tsaye. Takan ɗan karkata kai, kamar mai sauraron wani abu a waje.”

Gwaggo ta ɗauki buroshi. Ya ce leɓen ƙasa ya fi haka cika, ta ƙara. Ya ce goshin ya yi faɗi, ta rage. Haka suka yi, ba mai kallon wani, har aka kira la'asar. Ya fita yana istigfari, na ga ya tsaya a lungu yana goge fuska da bakin rawaninsa. Washegari ya koma gaisuwa daga bakin ƙofa. Ra'ayinsa bai sauya ba har ya bar duniya, bai kuma taɓa ambaton ranar ba.

Da aka gama, ga Umma zaune, kai a karkace, hannuwanta biyu a kan cinya. Kaka ta duba ta ce ita tunda ta san yarinyar nan ba ta taɓa ganin hannunta ba komai a ciki ba. Gwaggo ta ce ta sani, ta rasa abin da za ta ba ta ta riƙe ne wanda ba aiki ba. Aka juyo ana kallona. Na ce ita ce. Har yau ban sani ba ko ita ce ɗin, ko kuwa na gaji da nema ne. Amma a ranar na ci tuwo. Kullum in na dawo daga makaranta sai in juyo hoton daga bango in gaishe shi, in mayar.

Shekaru suka yi ta tafiya da nauyinsu. Dangin Umma suka matsa, auren ya ƙare ta cikin kaset, ta yi wani a can ta haifi wasu 'ya'yan. Kaka ta rasu. Gwaggo ta ci gaba da zama a ɗakin, yanar ido tana rufe mata gani a hankali, asibiti kuma ba ya shiguwa cikin sauƙi ga wanda ba shi da takarda. Ta daina lalle, amma ba ta daina zane ba, sai dai fuskokin sun koma dunƙule-dunƙulen launi, ita kaɗai ta san ko su wane ne. Na riga na yi aure lokacin da ta rasu. Matan lungu ne suka yi mata wanka, waɗanda suka rage, suka ce gashinta fari fat har gadon baya. An binne ta a nan Makka, kabarinta ba alama, kamar na kowa a garin nan. Ba mu san wanda za mu sanar a ƙasarsu ba.

Hotunan kowacce ta ɗauki nata. Wasu 'ya'yansu maza suka girma suka sa aka ƙone. Wasu hotunan suna cikin ɗakuna lokacin da aka zo aka shafa wa gidajen lungunmu jan fenti, alamar za a rushe su, aka ba da wa'adi, mutane suka kwashi katifa da tukwane suka bar sauran. Na Kaka ma a nan ya salwanta. Na Umma kaɗai na cire daga katakonsa na naɗe cikin darduma na sauko da shi.

Baba bai ga dawowarta ba. Sai bayan rasuwarsa, ina da 'ya'ya har sun tasa, na samu na nema mata bizar umara. Na je Jidda tarbarta. Matan jirginsu suna fitowa cikin hijabi iri ɗaya, ina bin su da ido ina neman mace mai dogon wuya da cikar fuska. Har suka kusa ƙarewa ban gan ta ba. Sai wata 'yar tsohuwa gajera, a ranƙwafe, da jakar leda a hannu, ta dawo da baya ta tsaya a gabana, ta kira ni da sunan da ba wanda ya sake kirana da shi tun ina 'yar tara. Muryar kaset ce. Na rungume ta, ina jin ƙasusuwan bayanta a tafin hannuna, zuciyata kuwa tana ta leƙen bayanta ko akwai wata mai zuwa.

Ta ce a kai ta Nakkasa. Mijina ya kai mu a mota. Fili ne da tarin ƙasa da manyan motocin aiki, ta kasa gane ko wane dutse ne namu. Ta ɗan tsaya, ta ce mu koma, bayanta yana ciwo. A gida na warware dardumar na shimfiɗa mata hoton a cinya. Ta goge hannunta a jikin zanenta kafin ta taɓa. Ta daɗe tana kallo, na gaya mata yadda aka yi shi, da gardamar matan lungu, da ranar da Baba ya shiga ɗakin. Da na zo nan sai ta rufe baki da mayafi.

“Allah ya jiƙan Baturiya,” ta ce daga baya. “Ta dai sa na zauna.”

Na ce ta tafi da shi in tana so, nata ne. Ta naɗe shi da kanta ta miƙo mini.

“Bar shi nan, 'yar nan. Can ba wanda ya san wannan matar.”

Da bizarta ta cika ta koma. Yanzu duk Juma'a ƙannena na can kan kira ni ta waya su miƙa mata, in ga fuskarta sarai, da tamojinta da giɓinta, ta tambaye ni jikin kowa, in tambaye ta ciwon baya. In mun gama na kife wayar, kafin in kai kicin waccan fuskar ta buhun fulawa ta dawo ta zauna a wurinta. Na daina yaƙi da wannan.

'Ya'yana Larabci ne a bakinsu, Hausar sai ta gaisuwa. Wayoyinsu cike suke da hotuna, kowanne an goge shi an gyara, ba ka ganin gajiya a fuskar kowa. Kwanaki autata tana neman bargo a saman kabad ta ci karo da dardumar, ta warware, ta tambaye ni da Larabci wace ce wannan. Na ce mata uwata ce. Ta duba ta ce ai ba ta yi kama da kakarsu ta waya ba. Na buɗe baki zan fara, daga Kaka da hanyar Sudan, da Baffa, da kogin da ya raba birni biyu, sai na ga tsawon labarin, na ga kuma da Larabci zan ba da shi, ga tukunya a wuta, ga aiki gobe da sassafe. Na ce mata dukansu biyun uwata ce, ta naɗe shi a hankali, fentin ya fara ɓarewa.